Babi na Shida: Wasa Ɗaya, Na'ura Biyu

Idan na sayi wasa ta intanet da kuɗina, me zai hana in ba ƙanena shi ma ya buga a tasa na'urar? Duk wanda ya mallaki PlayStation ko Xbox ko Switch a 'yan shekarun nan ya taɓa yin wannan tambaya, ko a fili ko a zuci. A zamanin PlayStation 2 babu mai yin ta. Wanda ya sayi faifan ƙwallo, in ya gaji da shi sai ya miƙa wa abokinsa, ko ya kai wa mai shago ya yi ciko ya karɓo wani. Wanda faifai ke hannunsa shi ke da wasa, magana ta ƙare.

Yanzu kuwa akwai na'urorin da ko wurin sa faifai ba su da shi. Xbox Series S da ta fito a watan Nuwamban 2020 ba ta da shi, haka ma ɗaya daga cikin nau'i biyu na PlayStation 5 da suka fito a wannan watan. Mai irin wannan na'ura ba shi da abin da zai ɗauka ya miƙa wa wani. Wasanninsa duka jerin sunaye ne a cikin asusunsa.

Kuma kada a ɗauka son banza ne ke kawo tambayar. Tun daga 2020 manyan kamfanoni suka fara sayar da sabon wasa dala 70, a 2025 kuma Nintendo ta sa wa Mario Kart World dala 80. Idan ana canjin dala a kan naira 1,500, wasan dala 70 ya kama naira 105,000, alhali mafi ƙarancin albashin da aka sa wa hannu a Najeriya a watan Yulin 2024 naira 70,000 ne. Uban da ke da 'ya'ya biyu da na'ura biyu, dole ya tsaya ya yi tunani kafin ya biya kuɗin abu ɗaya sau biyu.

Ana iya rabawa, kuma kamfanonin ne da kansu suka bar hanyar. Sai dai hanyar tana da iyaka, tana kuma da wanda ke ɗaukar nauyinta. Kafin mu kai can, sai mun fara sanin abin da mutum ya saya.

Me ka saya da kuɗinka?

Idan ka danna wurin saye a kantin PlayStation ko na Xbox, abu biyu ne ke faruwa. Na farko, wasan ya sauka a na'urarka, wani lokacin ya ci gigabait 50, wani lokacin fiye da 100. Na biyu, kwamfutocin kamfanin su rubuta cewa asusu kaza yana da izinin buɗe wasa kaza. Wannan izini shi ake kira lasisi.

Yawancin mutane na farkon suke gani, domin shi ne ya cinye musu data ya kuma cika musu ma'ajiyar na'ura. Amma kuɗin a kan na biyun aka biya shi. Abin da ya sauka a kulle yake. Kana iya kwafe shi a ma'ajiyar waje ka kai gidan abokinka ka jona a na'urarsa, wasan zai bayyana da hotonsa da sunansa, amma da ɗan hoton kwaɗo a gefe, ba zai buɗu ba. Na'urar tana neman lasisi, lasisin kuwa yana manne da asusunka.

Kamfanonin ba su ɓoye wannan ba, yana rubuce a cikin doguwar yarjejeniyar nan da kowa ke amincewa da ita ba tare da ya karanta ba. Abin da suka yi shi ne barin kalmar saye a kan allo, mutane suna fahimtar ta yadda suka saba. Wannan ne ya sa jihar Kalifoniya ta Amurka ta yi doka a watan Satumban 2024, wadda ta fara aiki a farkon 2025, da ta wajabta wa kantunan intanet su bayyana wa mai saye a fili cewa lasisi yake karɓa. Kantin Steam na wasannin kwamfuta bai jira dokar ta fara aiki ba, ya sa wannan sanarwa a shafin biyan kuɗi.

Makulli biyu

Da a ce lasisi na mutum ɗaya ne tak, da an sha rigima a kowane gida. Uba ya sayi wasa, 'yarsa ta shiga da nata asusun a na'urar da ke falo, a ce mata ba ta da izini? Babu wanda zai yarda da haka. Da kuma a ce lasisin na na'ura ɗaya ne tak, da wanda ya yi tafiya ko na'urarsa ta lalace ya yi asarar duk abin da ya saya. Saboda haka Sony da Microsoft suka yanka wa kowane asusu makulli biyu.

Na farko makullin gida ne, wanda ake rataye shi a ƙusa a bayan ƙofa. Mai asusu zai zaɓi na'ura ɗaya ya ce wannan ce gidana. Daga nan duk wanda ya kunna wannan na'ura, da kowane asusu ya shiga, zai iya buga wasannin mai gidan, ko mai gidan yana nan ko ba ya nan, ko da intanet ko babu. A kan allon Xbox sunan wannan tsari Home Xbox. A PlayStation 4 sunansa Primary PS4, a PlayStation 5 kuma Console Sharing and Offline Play. Sunayen sun bambanta, aikin ɗaya ne.

Na biyu makullin aljihu ne. Yana tare da mai asusun duk inda ya je. Idan ya shiga asusunsa a wata na'ura, ko a Legas ko a Yamai, zai iya sauke wasanninsa ya buga. Amma wannan makulli yana da sharaɗi biyu: shi kaɗai zai yi amfani da shi, kuma dole na'urar ta kasance a kan intanet don kamfanin ya tabbatar cewa shi ne.

To ga inda dabarar take. Makullan nan biyu suna aiki a lokaci guda, kuma babu abin da ya tilasta wa mutum ya rataye makullin gida a na'urar da ke ɗakinsa.

Wa a Kano, ƙane a Zariya

Mu ɗauki wa da ƙane, kowa da tasa PlayStation 5. Wan yana aiki a Kano, ƙanen yana karatu a Zariya. Wan ya shiga asusunsa a na'urar ƙanen ya kunna tsarin rabawa a can, wato ya mayar da na'urar ƙanen gidansa. Ƙanen ma ya yi haka a na'urar wan. Sun yi musayar makullan gida ke nan.

Ranar da sabon wasan ƙwallo na EA Sports FC ya fito, wan ya saya da asusunsa. Ƙanen zai sauke shi a Zariya ya buga da nasa asusun, da nasa sunan, nasarorinsa da matakin da ya kai duk a rubuce a wurinsa. Wan kuma zai buga a Kano da makullin aljihu. Suna iya bugawa a sa'a ɗaya, har ma su kara da juna ta intanet, duk a kan kuɗin kwafi ɗaya. Wata mai zuwa ƙanen ya sayi wasan tseren mota, wan ya samu ta irin wannan hanya. Kowannensu ya biya rabin kuɗi ya sami cikakken rumbu.

Ba wasanni kaɗai ke bin makullin gida ba. Idan wan yana biyan PlayStation Plus, ƙanen zai sami damar karawa da mutane ta intanet da wasannin da wan ya karɓa ta wannan rajista. A Xbox ma rajistar Game Pass tana bin na'urar da aka mayar gida. Abin da ba ya bi shi ne kuɗin cikin wasa, irin makin da ake sayen 'yan wasa da shi a FC ko V-Bucks na Fortnite. Waɗannan suna zama a asusun wanda ya saya. Haka ma wurin ajiyar da PlayStation Plus ke bayarwa a intanet don adana inda mutum ya tsaya a wasa, na mai rajistar ne shi kaɗai.

Mutum na uku fa? Babu wurinsa. Asusu ɗaya PlayStation 5 ɗaya kawai yake iya mayarwa gida a lokaci guda, kuma idan aka shiga asusun a na'ura ta biyu, sai a fitar da wanda ke ciki a ta farko. Ƙarin da ke akwai shi ne PlayStation 4 da PlayStation 5 kowacce lissafinta daban, don haka asusu ɗaya zai iya samun gida ɗaya a kowacce.

Wanda ya biya shi ke ɗaukar nauyi

Masu koya wa mutane wannan dabara a bidiyo sukan tsaya a nan, wurin da komai ke da daɗi. Sauran bayanin kuwa ya fi shafar mu da ke wuraren da intanet da wutar lantarki ba su da tabbas.

Ka lura da wanda ya zama baƙo. Wan da ya fitar da kuɗi, a kan na'urarsa ta kansa, a ɗakinsa, da makullin aljihu yake buɗe wasansa. Idan datarsa ta ƙare ko sabis ya ɗauke, wasan da ya saya ba zai buɗu ba, alhali ƙanen a Zariya yana can yana bugawa hankali kwance. A PlayStation 4, idan layi ya yanke ana cikin wasa, saƙo ne ke fitowa cewa za a dakatar da wasan nan da mintuna 15 saboda an kasa tabbatar da lasisi. Kuma ba sai laifin layinka ba. A watan Fabrairun 2025 hanyar sadarwar PlayStation ta tsaya cik kusan yini guda a duniya baki ɗaya, har Sony ta ƙara wa masu rajista kwana 5 don ba su haƙuri. A wannan yini, duk wanda makullin gidansa ke wata na'ura sai kallon hoton kwaɗo. A 2011 kuwa, bayan kutsen da ya taɓa asusu kusan miliyan 77, kwana 23 hanyar ta yi a rufe.

Akwai kuma mutanen gidan wan. Idan yana da 'ya'ya masu nasu asusun a na'urar falo, ba za su iya buɗe wasannin babansu ba, domin na'urar ta daina zama gidansa. Wasannin baffansu ne za su buɗe musu. Iyalai da yawa ba sa gane wannan sai bayan an gama musaya yara sun fara kuka.

Sa'annan ba a yawo da makullin gida yadda aka ga dama. Microsoft sau 5 kawai take bari a canja Home Xbox a shekara. Sony tana bari a kashe tsarin daga jikin na'urar a kowane lokaci, amma idan na'urar ba ta hannunka, ko an sace ta ko kun ɓata da wanda take wurinsa, sai dai ka kashe dukkan na'urorinka ta shafin intanet, wannan kuma sau ɗaya ake yin sa a wata 6.

A ganina, tsarin ya fi dacewa da mutum biyu da ke da intanet mai ɗorewa kuma kowannensu yana saye. Idan ɗaya ne kawai ke saye, to ya sani kyauta yake yi, kuma kyautar ta haɗa da nasa kwanciyar hankalin.

Yadda aka zo nan

Makulli biyu ba da su aka fara ba. A farkon zamanin PlayStation 3, Sony ta bar mutum ya kunna wasan da ya saya a na'ura 5. Nan da nan mutane suka gane lissafin: mutum biyar da ba su ma san juna ba sai su haɗu a intanet, kowa ya kawo kashi ɗaya cikin biyar na kuɗin wasa. A watan Nuwamban 2011 Sony ta rage adadin zuwa 2.

Babbar rigimar kuwa a 2013 aka yi ta. Da Microsoft ta gabatar da Xbox One, ta zo da tsarin da zai mayar da ko wasan faifai ya zama lasisi a cikin asusu. Na'urar za ta riƙa tuntuɓar kamfanin aƙalla sau ɗaya a kowace sa'a 24, in ba haka ba wasanni su kulle. Wanda ke son ba abokinsa faifai, sau ɗaya kawai zai iya, kuma sai abokin ya yi kwana 30 a jerin abokansa. A madadin haka kamfanin ya yi alkawarin cewa mutum zai iya sa har mutum 10 a matsayin iyalinsa, su riƙa shiga rumbunsa daga ko'ina.

Mutane suka yi ca. Shugaban sashen Xbox na lokacin, Don Mattrick, ya ƙara hura wutar da ya ce wanda ba shi da intanet ai akwai Xbox 360. Sony kuwa, a taron baje kolin wasanni na E3 na watan Yuni, ta fitar da wani ɗan gajeren bidiyo na koyar da yadda ake ara wa aboki wasa a PlayStation 4: jami'inta Shuhei Yoshida ya miƙa wa abokin aikinsa Adam Boyes faifai, shi ke nan. Ta kuma sa wa na'urarta dala 399, ta Microsoft tana dala 499. Ranar 19 ga Yuni, Microsoft ta janye tsarin gaba ɗaya.

Masu ƙorafin suna da gaskiya. Na'urar da ke kulle kanta bayan yini guda babu intanet, da ba ta yi wa mutumin Gusau ko Damagaram amfanin komai ba. Amma tsarin iyali na mutum 10 shi ma ya tafi tare da abin da aka ƙi, kuma har yau Xbox ba ta dawo da shi ba. Ta gwada rajistar Game Pass ta mutum biyar a Ireland da Kolombiya a 2022, ta rufe gwajin a watan Agustan 2023. Kantin Steam ne ya zo da abin da ya yi kusa da wancan alkawari a 2024, inda mutum 6 ke haɗa rumbu ɗaya, amma kowane kwafi mutum ɗaya ke buga shi a lokaci guda.

Nintendo ta bi tata hanya

Shekaru da dama Switch ma da makulli biyu take aiki, kuma iyalai sun yi ta musaya irin ta wa da ƙanen nan. A ƙarshen watan Afrilun 2025, gab da fitowar Switch 2 a ranar 5 ga Yuni, Nintendo ta sauya tsarin. Kowane wasan da aka saya ta intanet ya zama kati na cikin allo, wanda ake cire shi daga wannan na'ura a sa a waccan, tsakanin na'urori biyu da aka haɗa. Na'urar da katin ke ciki tana buga wasan ko babu intanet, ɗayar kuwa sai ta jira.

An kuma ƙara aro. Rukunin iyali na Nintendo yana ɗaukar mutum 8, kuma kana iya ara wa ɗan rukunin wasa na kwana 14. Dole na'urorin biyu su kasance kusa da juna lokacin miƙawa, mai aro wasa ɗaya yake karɓa a lokaci guda, kai kuma ba za ka buga shi ba har ya dawo. Idan wa'adin ya cika, wasan da kansa yake komawa wurin mai shi, amma matakin da mai aron ya kai yana nan a na'urarsa.

Abin da aka rasa shi ne buga kwafi ɗaya a kan intanet a na'ura biyu a lokaci guda. Yara biyu da suka saba tsere da juna a Mario Kart da kwafi ɗaya, yanzu sai an sayi na biyu. Iyaye da yawa sun ji haushin haka, kuma ba a ga laifinsu ba. Duk da haka ina ganin tsarin Nintendo ya fi sauƙin fahimta, kuma yana da wata fa'ida da ta Sony da ta Microsoft ba su da ita: kana ara wa mutum wasa ba tare da asusunka ya shiga na'urarsa ba.

Kasuwar firamare da sakandare

Duk wanda ke cikin rukunonin masu wasa a WhatsApp ko Telegram ya ga tallar: sabon wasa a rabin kuɗi ko ƙasa da haka, ka zaɓi firamare ko sakandare. Yanzu mai karatu ya san abin da ake sayarwa. Mai tallar ya buɗe asusu, ya sayi wasa sau ɗaya, ya sayar wa wani makullin gida na PlayStation 5, ya sayar wa wani na PlayStation 4, ya sayar wa na uku makullin aljihu. Firamare ya fi tsada saboda yana aiki babu intanet kuma da asusun mai saye. Sakandare ya fi araha saboda sai da intanet, kuma a cikin asusun mai tallar ake bugawa.

Akwai dalilin da ya sa kasuwar ta yi ƙarfi a wajenmu. Najeriya da Nijar ba sa cikin jerin ƙasashen da ake zaɓa wajen buɗe asusun PlayStation. Mutane kan zaɓi Amurka ko Ingila ko Afirka ta Kudu, su riƙa sayen katin cika asusu na ƙasar, kuma ƙasar da aka zaɓa ba ta canjuwa daga baya. Wanda ya gaji da wannan zagaye, ga kuma tsadar dala, in aka ce masa ga wasa a sauƙaƙe ya tura naira kawai, da wuya ya ƙi.

Amma araha ba ta ado. Adireshin imel ɗin da aka buɗe asusun da shi yana hannun mai tallar. Ranar da ya ga dama zai canja kalmar sirri, ko ya kashe dukkan na'urori ta shafin intanet, ya sake sayar da gurbin ga wani. Ko da shi mai gaskiya ne, idan katin bankin da aka sayi wasan da shi na sata ne, mai katin zai kai ƙara banki ya janye kuɗin, Sony kuma ta dakatar da asusun, wasan ya kulle a hannun duk mutum ukun. Babu kuma inda za ka kai kuka, domin yarjejeniyar kamfanin ta hana saye da sayar da asusu da raba kalmar sirri. Kai da ka biya, a idon kamfanin ba ka sayi komai ba. Ba na ba kowa shawarar shiga wannan ciniki. Wanda kuɗinsa bai kai ba, gara ya jira rangwamen da kantunan ke yi sau da yawa a shekara, ko ya nemi faifan hannu idan na'urarsa tana karɓa. Masu gidajen gem kuwa, waɗanda abincinsu ya dogara da wasa ya buɗu ko da sabis ko babu, su ne suka fi kowa buƙatar wannan shawara.

Kafin ka miƙa makulli

Ko tsakanin 'yan'uwa, asusun da ka sa a na'urar wani ya wuce rumbun wasanni. Katin bankinka yana iya kasancewa a ciki, da saƙonninka, da sunanka. Idan wani ya shiga da shi ya zagi mutane ko ya yi maguɗi a wasa aka rufe asusun, duk abin da ka tara tsawon shekaru ya tafi, kuma kamfanin ba zai saurari cewa ba kai ba ne.

Saboda haka ka je da kanka ka shiga asusun a na'urar ɗan'uwanka, ka kunna tsarin, ba sai ka faɗa masa kalmar sirri ba. A PlayStation 5 ana iya shiga ta hanyar ɗaukar hoton lambar da ke kan allo da manhajar PlayStation ta waya. Ka kunna tantancewa mai mataki biyu, ka sa a riƙa neman kalmar sirri kafin kowane saye, in da hali ka cire katin banki gaba ɗaya. Ku kuma yi magana tun farko a kan ranar da ɗayanku zai sayar da na'urarsa: a kashe tsarin rabawa kafin ta bar gida. Mutane da yawa sun sayar da na'ura da makullin gidansu a rataye a ciki.

Ranar da kanti ya rufe

Duk abin da muka faɗa ya dogara ne da kamfanin yana nan yana amsa na'urarka. Kantuna kuwa suna rufewa. Na Wii ya rufe a watan Janairun 2019, na Wii U da 3DS a watan Maris na 2023, na Xbox 360 a watan Yulin 2024. Sony ta yi shelar rufe na PlayStation 3 da Vita a 2021, sai da mutane suka yi ta ƙorafi ta fasa. A yawancin waɗannan an bar wa mutane damar sake sauke abin da suka riga suka saya, amma damar a hannun kamfani take. Wasan tseren mota The Crew kuwa, da Ubisoft ta kashe kwamfutocinsa a ƙarshen Maris na 2024, ya daina aiki kwata-kwata har ga masu faifai, abin da ya haifar da yunƙurin Stop Killing Games da ya tara sa hannu fiye da miliyan ɗaya a Tarayyar Turai.

Akwai ma batun gado, wanda mu ba ma wasa da shi. Rumbun da mutum ya kashe dubban ɗaruruwan naira a kansa, bisa yarjejeniyar kamfanonin ba ya canja hannu. A 2024 ma'aikatan Steam sun amsa wa wani mai tambaya cewa ko da wasiyya ba a mayar da asusu ga wani.

Wannan ya sa wasu suka ce tun da abin izini ne kawai, gara a daina sayen wasa ɗai-ɗai a koma biyan kuɗin wata. Microsoft ta buɗe Game Pass a watan Yunin 2017, Sony kuma ta raba PlayStation Plus zuwa mataki uku a 2022. A babi na gaba za mu ɗauki waɗannan rajistoci ɗaya bayan ɗaya, mu lissafa kuɗinsu na shekara da datar da suke ci, mu ga wane irin mai wasa suke yi wa riba da wanda gara ya ci gaba da saye.